Timareta da Labaran Marmaronta

"To ni dai na faɗa miki," in ji tsoho Sotas, yana zaune a kan katangar marmaro yana tauna busasshen ɓaure. "Mutumin nan mai littattafai ya zo. Alfadari guda aka ɗora wa su. Na ga idon alfadarin nan, har tausayi ya ba ni."

"Kai da ka yi shekara talatin kana dukan alfadarai, yau kuma tausayinsu kake ji?" Inna Timareta ta ce, ba ta ko ɗago daga sharar da take yi ba.

"Tsufa ne, ke ma yana nan tafe. An ce ya karanta labarin marmaron nan a littafi uku, kowanne da abin da ya faɗa. Kuma duk ukun sun ce daga bakin matar da ke tsaron wurin suka ji. To wace mata ce ke tsaron wurin nan, Timareta? Ni dai ban san wata ba."

Tsintsiyar ta tsaya. Ina gefe ina jera 'yan tulunan da nake sayar wa baƙi su ɗebi ruwa su kai gida, na ga ta juya masa baya ta ci gaba da shara. Shekara shida ina zama kusa da ita, ban taɓa ganin Sotas ya yi magana ta ƙarshe ba sai ranar.

Abin da ya kawo maganar shi ne, bara girgizar ƙasa ta farfasa magudanar dutse da ke kai ruwan marmaron Orina cikin garinmu, mata suka koma hawan tudu da tulu. Gwamnan Rumawa zai biyo ta nan bayan kwana ashirin, dattawan gari suna so su roƙe shi ya gyara. Gwamna kuwa ba a tararsa da roƙo tsagwaronsa, sai an yi masa jawabi mai daɗi da zai nuna garin tsoho ne, mai asali. Shi ya sa suka ɗauko Malam Telesforo daga birnin Simirna, wanda rubuta irin wannan jawabi ne sana'arsa. Shugaban dattawa, Damon, ya riga ya faɗa a kasuwa cewa marmaron gari ba zai zauna da labari uku ba. Ɗaya za a zaɓa a sassaƙa a dutse. In kuma ta tabbata mai tsaron wurin ƙarya take shara wa baƙi, a sauke ta a sa mai karatu. Ɗakin da take kwana na marmaron ne, ba nata ba. Wanda aka sauke, da shimfiɗarsa zai fita.

A ɗakin nan aka haife ta. Uwarta ce mai tsaro kafin ita, kakarta kafin uwarta. Ta auri wani mai ƙona gawayi, mutum shiru-shiru, ta haifa masa biyu, mace da namiji. Namijin yana shekara huɗu zazzaɓi ya ɗauke shi. Mijin ya bi bayansa bayan shekara goma, 'yar kuma ta yi aure a ƙauyen gangare. Timareta ba ta san harafi ko ɗaya ba. Aikinta shara, tsame ganye daga ruwa, kwashe waina da zumar da baƙi ke ajiye wa Orina, wadda marmaron ya ci sunanta, sai ba da labari.

Al'adar wurin, baƙo ba ya jin labari sai ya wanke hannu da fuska. Yana wankewa, ita tana kallonsa. In samari ne ko sojoji, sai ta ce Orina budurwa ce da allahn makiyaya ya biyo da gudu, ta roƙi ƙasa ta ɓoye ta, ƙasa ta mayar da ita ruwa. In manoma ne ko fatake, sai ta ce Orina ba ta zama komai ba, mace ce mai lura, shekarar fari ta ga gemun akuyarta a jiƙe, ta bi akuyar har gindin dutsen nan ta tona da hannu. Akwai na uku, wanda ba ta cika fitar da shi ba, sai ga wanda ya zo shi kaɗai yana wanke fuska ba ya son ganinta a ruwa. Na taɓa tambayarta wanne ne na gaskiya. Ta dube ni kamar na tambaye ta wanne ne na gaskiya cikin yatsunta.

Da la'asar ɗin ranar Damon ya hauro da kansa, yana haki.

"Jibi da hantsi zan kawo shi," ya ce. "Na allahn makiyaya za ki ba shi, shi ne a littafin da ya fi tsufa. Kada ki ƙara ko kalma. In ya tambayi sauran, ki ce matafiya ne ba su ji daidai ba. Kin gane?"

"Na gane, ranka ya daɗe."

"Don ke nake faɗa. Uwarki ta yi wa uwata kirki."

Kwana biyu tana maimaita labarin. Ta faɗa mini, ta faɗa wa Sotas, ta faɗa wa tulun wanka. Abin da ta yi shekara arba'in tana faɗa ba tare da tunani ba, sai ga shi tana tuntuɓe a ciki.

"Ke dai da kin yi shiru da ya fi," in ji Sotas. "Allahn nan naki tun jiya yake gudu, har yanzu bai kai gangare ba. Ko shi ma gwiwa ke damunsa?"

"Rufe mini baki, tsohon banza." Amma ba ta yi dariya ba, abincinta ma ranar kyanwa ce ta ci.

Mun zaci za mu ga mutum mai ƙamshi, gashi a shafe da mai, yatsu da zobba, yadda masu jawabi suke. Wanda ya hauro bayan Damon dogo ne, tufafinsa masu tsada, amma sumarsa ta yi yawa har ta rufe kunne, gemu ba gyara. A wurinmu namiji ba ya barin suma haka sai an yi masa rasuwa. Ya gaishe ta da ladabi, ya kira ta Inna, ya durƙusa zai wanke hannu. Da ya sunkuya, wani zare ya zamo daga wuyansa, da 'yar ƙararrawa irin wadda ake ɗaura wa yara a ƙafa. Ya yi sauri ya mayar da ita cikin riga. Ya wanke fuska idonsa a rufe.

Timareta ta gyara tsayuwa, ta haɗa hannuwa yadda ta koya wa kanta.

"Orina 'yar makiyayi ce, a bayan tudun can gidansu yake," ta fara. Damon ya gyaɗa kai. "Tana da ɗa guda ɗaya."

Damon ya yi tari. Na ga fuskarta lokacin da ta ji abin da bakinta ya faɗa. Ta dubi Damon, ta dubi baƙon da ruwa ke ɗiga daga gemunsa. Sai ta ci gaba.

Ta ce yaron ya bi ɗan akuya ya hau dutse, bai dawo ba. Orina ta yi kwana tara tana nemansa, kogo kogo, har ƙafafunta suka tsage. Rana ta goma ta zauna a gindin dutsen nan tana kiran sunansa har murya ta ƙare, ya rage hawaye. Ƙasa ta ga ba ta da yaron da za ta mayar mata, sai ta karɓi kukan ta riƙe mata. "Shi ya sa ruwan nan ko da rani ba ya ƙafewa," ta ce, "kuma ko da damina ba ya ambaliya. A hankali yake zuba, daidai yadda mutum zai iya tashi ya yi aikinsa yana jinsa."

"Malam, ka yi haƙuri," in ji Damon, "tsufa ne ya ruɗa ta. Ainihin labarin..."

Telesforo ya ɗaga hannu, Damon ya yi shiru. Ya daɗe a durƙushe yana kallon ruwan, yanzu idonsa a buɗe. Can ya ce, "Inna, wa ya ba ki wannan?"

Ta san abin da aka ce ta faɗa. 

"Ba wanda ya ba ni, Malam. Shekarar da nawa ya tafi, wani mutumin birnin Koranti ya zo, na buɗe baki zan ba shi na allahn makiyaya, wannan ya fito. Na akuyar kuwa na uwata ne, shekarar da rijiyoyi suka ƙafe ta fara faɗarsa. Na allahn ma, kakata ta ce lokacin da ta same shi ba allahn makiyaya ke bin Orina ba, kogi ne. Ita ta canza, don ba mu da kogi a nan, baƙi suna ta tambaya."

"Ka ji ko?" in ji Damon. "Da bakinta."

Sai baƙon ya yi wata 'yar dariya, irin ta wanda ya kwana biyu bai yi ba. "Littafin mutumin Korantin nan yana cikin kayana. Kin san akwai malamai biyu a birnin Atina da suka daina gaisawa a kan labarinki? Ɗaya ya ce yaron hikima ce, Orina kuma rai ne da ke nemanta. Ɗayan ya ce a'a, yaron damina ne, uwar ƙasa ce. Duk sun yarda labarin ya fi shekara dubu."

"Kai!" in ji Sotas daga kan katanga. "Ashe na yi shekara da shekaru ina zagin mai shekara dubu."

Telesforo ya miƙe ya juya ga Damon. "Ranka ya daɗe, jiya me ka ce in rubuta wa gwamna? Ba ka ce in sa kakannin Rumawa, da suka gudo daga birninsu Turoya bayan an ƙone shi, sun yada zango a nan sun sha ruwa ba? A wane littafi wannan yake?"

"Wannan ai daban ne. Jawabi ne."

"Na huɗu ke nan. Ni da Innar nan sana'armu ɗaya, sai dai ni ana ɗora mini alkyabba in na gama." Ya ciro allon kakinsa da tsinken rubutu. "Taimake ni, Inna. In mutanen Turoyan nan suka iso, yaya Orina za ta karɓe su?"

Ta dube shi, ba ta tabbata ko gatse yake yi ba. "Gwamnan nan, wane irin mutum ne? Ni ban ga ya wanke hannu ba."

"Shekara uku rabonsa da gida. Abincinmu ba ya zama a cikinsa."

"To ka ce sun iso ƙafafunsu a kumbure. Ba ta tambaye su sunansu ko garinsu ba sai da suka sha suka ƙoshi. Ka ce ɗaya daga cikinsu ya ɗago daga ruwan ya ce ɗanɗanonsa irin na gidansu ne. Kuma kada ka sa mata dogon jawabi a baki, Malam. Orina ba ta da surutu."

Yana rubutawa yana murmushi. Da ya gama ya ce wa Damon, dutsen a sassaƙa shi, amma sunan Orina kawai za a sa, da layi ɗaya a ƙasa cewa mai son labari ya tambayi mai tsaro. Ya ce ranar jawabi da kansa zai hauro da gwamna nan. "In ya tarar da saurayi yana karanta masa dutse, ya ga irin wannan a gari arba'in. Ita kuwa bai taɓa ganin irinta ba. In kuka sauke ta, ku nemi wani ya rubuta muku jawabin."

Damon ya shafa ƙeya, ya dubi sama, ya dubi ƙasa. "To," ya ce. "To shi ke nan. Amma ranar, Timareta, ki sa tufafin kirki. Wannan mayafin naki ya girme ni."

"Zan sa, ranka ya daɗe."

Damon ya fara gangarawa. Telesforo ya tsaya ya ɗauki ɗan tulu ɗaya a wurina, ya cika da kansa, ya toshe bakin da kaki. Da zai wuce ta gabanta ya ce a hankali, "Tawa mace ce. Shekararta biyar." Timareta ta ɗora hannu a damtsensa. Ya bi bayan Damon.

Sai da suka ɓace a kwanar itatuwan zaitun ta bar inda take tsaye. Ta zauna daɓas a kan katanga kusa da Sotas, ta miƙa hannu cikin jakarsa ta ɗebi ɓaure ba tare da ta tambaya ba.

"Kwana biyu kina koyon labari ɗaya," in ji shi, "da aka zo kika faɗi wani. Ko alfadarina ya fi ki jin magana."

"Rufe mini baki, tsohon banza." Wannan karon tana dariya, idonta ya cika. Ta cinye ɓauren, ta ƙara wani, ta sha ruwa da tafin hannu. Ta juya ta dubi ƙofar ɗakinta na ɗan lokaci.

Sannan ta miƙe ta ɗaure mayafinta a ƙugu. 'Yarta ta aiko tun shekaranjiya a zo a taya ta tsinkar zaitun kafin ruwa ya sauko, hankalinta bai kwanta ta je ba. Ta ɗauki kwando da doguwar sanda.

"Ɗana, ka sa mini ido a kan wurin," ta ce da ni. "Kai kuma Sotas, in baƙi sun zo ka ce su wanke hannu su jira ni. Kada ka kuskura ka ba su labari."

Ta kama hanyar gangare, kwandon a kafaɗa, tana dogara sandar.