Takardar da ke Hannun Baba Yero

Baba Yero shekararsa sittin da ɗaya a lissafinsa, hamsin da uku a takardar ofis. Shi ne shugaban masinjoji a wata hukumar gwamnati da ke kusa da Ƙofar Ɗan Agundi. Masinja ɗaya ne a ƙarƙashinsa, shi ma yana hutu tun bara.

A Goron Dutse aka haife shi, gidan Fulanin da suka daɗe a birni amma ba su saki shanu ba. Ya kama aiki a 1940 a hannun wani Bature da ake kira Mai Lofe. Turancinsa bai wuce kalma talatin ba, sai dai akwai guda da Baturen ya koya masa, ya riƙe ta tamkar gado: “proffer”, wadda shi yake cewa furofa.

“Bayarwa daban, furofa daban,” in ji shi. “Bayarwa, ka tura wa mutum abu ko yana so ko ba ya so. Furofa kuwa, ka miƙa da hannu biyu ka tsaya. Shi zai karɓa ko ya ƙi. Kafin ya yi ɗayan biyun, abin ba naka ba ne, ba nasa ba ne, kuma ba a ajiyewa.”

Haka ya yi shekara arba'in yana kai fayil. Har a gida bai fasa ba. Matarsa Lauratu ta ce ya taɓa kawo mata tsire tana tsaka da wanki, sai da tsiren ya huce a hannunsa.

Zamanin soja bai wahala ba. Soja ko ya fizge takarda ko ya daka tsawa, kuma duka biyun amsa ce. Da farar hula suka karɓi mulki a Oktoban 1979, jam'iyya ta ba Alhaji Ashafa, wani mai sayar da atamfa, shugabancin hukumar. Mutum ne mai fara'a, wanda ya rantse a gaban taro cewa ba ma'aikacin da zai bar aiki a zamaninsa.

A watan Janairu Allah ya yi wa Usaini, ƙanen Baba Yero, rasuwa. Shi ke kiwon shanun gidansu goma sha ɗaya a wajen Ungogo. 'Ya'yan Usaini direbobi ne, suka ce in damina ta faɗi ba mai kiwo, kara, kasuwar shanu, za su kai su a sayar. Baba Yero ya sa Hassana mai buga tafireta ta rubuta masa takardar barin aiki, ya tabbatar ta sa kalmarsa a layin farko, ya shiga ofishin shugaba ya miƙa da hannu biyu.

Alhaji Ashafa ya leƙa takardar, ya mayar da hannayensa cikin babbar riga.

“Baba, in na karɓa, 'yan adawa su ce na kori tsoho. In na ƙi, ƙungiyar ma'aikata ta ce na tsare tsoho. Ajiye a tebur, za mu duba.”

“Ranka ya daɗe, ba a ajiyewa.”

Tun daga ranar, kowace safiya ƙarfe takwas Baba Yero yana bakin ƙofar shugaba, hannu biyu a miƙe, ba ya saukewa sai lokacin sallar azahar. Wani baƙo ya taɓa rataya masa lema. Alhaji Ashafa ya koma shigowa ta ƙofar baya, ya kuma daina gaisawa da hannu, don kada a yi kuskure.

“Baba, ka tafi abinka mana,” Hassana ta ce masa. “Wa zai kama ka?”

“'Yar nan, in na tafi ba a karɓa ba, gudu na yi. Ni kuwa ban taɓa gudu ba, gwiwar ma ba za ta yarda ba.”

A watan Maris aka kafa kwamitin mutum biyar ya binciko ko ya halatta a karɓi takardar. Kwamitin ya gama rahoto cikin mako uku. Rahoton na nan kan teburin Hassana, domin masinjan da zai kai wa shugaba hannunsa ba sarari.

Da hadari ya fara haɗuwa a gabas, 'ya'yan Usaini suka aiko cewa sun yi magana da dillali. Ran Asabar Baba Yero ya hau motar Ungogo. Litinin da hantsi ya shigo birni da shanu goma sha ɗaya, ya ɗaure su a gindin darbejiyar harabar ofis, ya saƙale sanda a hammata, ya je ya miƙa takardarsa.

Shanun suka cinye furannin bakin ofis a kwana biyu. Ran Laraba Alhaji Ashafa ya fito harabar da kansa, hannayensa a cikin riga, yana ba Baba Yero haƙuri, shi kuwa yana tsaye da takardar a miƙe. Yana cikin magana wata farar saniya da ta tsinke igiya ta zagayo ta bayan Baba Yero, ta sa harshe ta zare takardar, ta tauna.

“Alhamdu lillahi, an karɓa,” in ji Alhaji Ashafa. “Kowa ya shaida. Allah ya sa albarka a hutunka, Baba.”

Baba Yero ya dubi saniyar, ya dubi shugaban.

“Ranka ya daɗe, wannan ba ta da muƙami.”

Shanun dai sun tsira daga kara, dillali ya zo ya ga an ɗaure su a harabar gwamnati ya juya. An kafa musu nasu kwamitin. Jiya da safe Baba Yero ya tatsi nono ya raba wa ma'aikata, ya wanke hannu, ya sa Hassana ta buga masa sabuwar takarda, kwafi huɗu.