Ranar da Kawu ya kai goro shagon takalma

Ko zan manta da komai na zamana a New York, ban da ranar da Kawu ya je nema min aure a shagon takalma. Lokacin ban daɗe da zuwa ba. Ni dama tun aji uku na sakandare muka raba gari da boko, na yi Legas, na yi Kwatano, ƙafata ba ta zama. Wani dattijo ɗan garinmu, direban tasi a titin Grand Concourse, shi ya riƙe ni, shi nake ce wa Kawu. Da kyar ya samo min aikin ɗauko kaya daga sito a wani babban shago a Manhattan, ya ja kunnena cewa in na yi wasa da wannan, kada in ƙara kallonsa.

To shagon nan takalmi ake sayarwa, amma hotunan da ke bango, wallahi takalmin ne kaɗai a jikin masu shi. Abokan aikina kuwa in an yi hutu kowa na shafa waya, yana zaɓen wadda zai fita da ita kamar mai zaɓen tumatir. Na ce lallai na zo ƙasar da ba a kunyar sha'awa.

Akwai wata sa'ata a teburin karɓar kuɗi, 'yar unguwar Harlem. Tare muke hawa jirgin ƙasa na layin D in an tashi, tana dariyar Turancina, ina jin daɗi. Ta shiga raina har abinci ya daina shiga. Da na gaya wa Kawu bai yi faɗa ba. Ya ce sha'awa kamar yunwa ce, kowa da tasa, abin kunya shi ne cin na sata. Ya tambayi ubanta, na ce ban san shi ba. Ya ce to wa ke gaba da ita? Na ce manaja.

Ranar Juma'a bayan masallaci sai ga Kawu da babbar riga, goro da alawa a leda. A gaban masu saye ya gaishe da manajar, wata Baturiya, ya tambayi iyali da gajiya, sannan ya zayyana mata da Turancinsa na tasi: yaron nan lafiyayye ne, jininsa na tafasa, yana son 'yarku, gara a ɗaura kafin shaiɗan ya riga mu.

Ban taɓa ganin mutum ya yi ja haka ba. Tana tsaye ƙarƙashin hoton ƙato da ɗan kamfai, amma maganar dattijo ce ta sa ta rasa inda za ta sa ido.

Aka kira ni ofis. Ta ce wannan cin zarafi ne, wurin aiki ba a kawo irin wannan tunani, wataƙila ma in nemi likitan da zan riƙa gaya wa damuwata. Na ce, "Madam, aure fa na ce." Ta ce ai shi ne abin tsoron, da shan kofi na gayyace ta da sauƙi. Aka karɓe rigar aikina. Alawar dai na ga ma'aikata sun cinye, ita ba ta ci zarafin kowa ba.

A bakin ƙofa yarinyar ta tare ni, ranta a ɓace. "Kawunka ya ji, manaja ta ji, duk shago ya ji. Ni kaɗai ce ba ka tambaya ba." Na ce da na tambaya fa? Ta ce yanzu kuma ba zan taɓa sani ba.

A mota, da muka haye gada, Kawu ya ce, "Ɗan nan, laifina ne. Na ɗauka mutane ne irinmu." Daga nan aikin wankin mota na samu, can na cinye sanyin shekarar, yatsuna kamar ba nawa ba.

Abin da na koya, Bature ma yana da kunya, sai dai a kunne take. Idonsa zai kalli komai, kai dai kada ka faɗa. Mace kuma, ta Harlem ce ko ta Fagge, kafin ka tayar da dattawa, fara jin ta bakinta.