Ɗiyar Mai Amalanke Ta Yabi Babur

Shekarar da aka tura ni koyarwa wani ƙauye cikin ƙasar Sarkin Hausa, a cikinta aka kira mu Mayahi horo kan sabuwar hanyar koyar da rubutu. Wanda ya horar da mu wani dogon mutum ne mai son zagaya aji da hannuwa a baya. Ya ce mun daɗe muna cutar yara da "ku rubuta abin da kuka yi ran hutu," alhali rubutu iri-iri ne, kowane da tafiyarsa: labari daban, wasiƙa daban, bayanin yadda ake yin abu daban, gardama daban. A nuna wa yaro samfuri, a warware shi tare, a gina wani tare, sannan a sake shi ya yi nasa. Maganar ta shige ni ƙwarai. Na dawo ƙauye ina jin haushin duk malaman da suka koyar da ni a Tasawa.

Labari muka fara yi, lafiya lau. Bayanin yadda ake yin abu ma ya tafi daidai, har wani yaro ya cika shafi da yadda ake kama zakaran da ya san za a yanka shi. Mukan fara da baki cikin Hausa, in magana ta zauna mu juye ta cikin Faransanci. Sai muka iso kan gardama.

Na bayyana musu cewa mai rubutun gardama yana ɗaukar gefe guda, ya jera hujjojinsa, na farko, na biyu, na uku, ya rufe da magana mai ƙarfi. Na rubuta a allo: amalanke ko babur, wanne ya fi amfani? Don kada kowa ya ruga bayan babur, sai na raba ajin biyu da hannu kamar mai raba tuwo. Na wajen ƙofa su kare amalanke, na wajen taga su kare babur. Na ce kowa ya tafi gida ya maimaita nasa da babbar murya har ya zauna masa.

A wajen taga akwai wata yarinya, ita ce ta fi kowa ƙoƙari a ajin, kuma ita na fi sa wa rai a jarrabawar shiga kwaleji ta ƙarshen shekara. Siririya ce, amma in ta buɗe baki ana jin ta daga bakin rijiya. Ubanta kuwa shi ne mai amalanken ƙauyen. Bijimai biyu gare shi, da su yake ɗaukar hatsi da tubali da taki, da su yake kai maras lafiya asibiti. Yarinyar sunan mahaifiyarsa gare ta, shi ya sa ba ya kiran ta sai "uwata", kuma tun tana ƴar mitsitsiya ita ke zama gefensa a gaban amalanke kowace ranar kasuwa. Duk wannan na sani. Kawai ranar ban haɗa shi da wajen taga ba.

Da la'asar ta zaɓi bayan rumbu don ta maimaita. Uban kuma ya gama ba bijimai harawa, ya miƙe ƙafa a inuwar rumbun ta ɗaya gefen. Ƙawayenta ne suka kawo mini abin da ya ji, kalma ba ta faɗi ƙasa ba. Na farko, mai hawa amalanke yakan tashi da hantsi ya iske ƴan kasuwa suna naɗe tabarmi. Na biyu, sa yana ci ko ya yi aiki ko bai yi ba, babur kuwa in an ajiye shi ba ya shan mai. Na uku, babur ba ya tsayawa tsakiyar hanya ya yi kashi. A ƙarshe, duk mai hankali ya sayar da amalankensa tun yana da mai saye.

A matsayina na malami, wallahi gardama ce mai kyau. Na ukun nan ma ni bai zo mini ba.

Kashegari wurinta wayam. Jibi ma haka. Da na tambaya, yara suka haɗa baki suka ce babanta ya ce ta gama lakwal, wato makaranta. Raina ya ɓaci, kuma ba a kan yarinyar ba. Na yi ta faɗa ni kaɗai a cikin aji, ina cewa wane irin mutum ne zai cire ɗiya irin wannan daga karatu saboda an taɓa masa shanu. Da aka tashi na nufi gidansu. Babur ɗina na bar shi a ɗaki na taka da ƙafa cikin rairayi, don ni ma ina da ɗan hankalina.

Na iske shi a ƙofar gida yana tufka igiya. Muka gaisa, muka sake gaisawa. Ya tambayi mutanen Tasawa, na tambayi bijimai, abin da na gane daga baya ba shi ya kamata in tambaya ba. Sannan na shiga bayani. Na ce wannan darasi ne kawai, ni na raba musu gefe, da a wajen ƙofa take zaune da amalanke za ta yaba. Ya saurare ni har na ƙare bai ɗaga kai daga igiyar ba.

"Mushe," ya ce, haka ake kiran malamin boko can, "tambaya guda gare ni. Abin da ɗiyar ga ta hwaɗi, har cikin ranta ne?"

Na yi saurin cewa, "A'a, Baba, ko kusa. Sa ta aka yi."

"Tau. Ke nan ƙarya kuka koya mata. Ta tsaya ta jera abin da ba shi ne a ranta ba, da babbar murya, ba ko ƙyafta ido."

Na ga inda na faɗa, na juya. "Ba ƙarya ba ce, Baba. Hujjojin ai gaskiya ne, ita ta nemo su da kanta."

"Tau. Ke nan har ranta ne. Ta raina abin da nike ciyar da ita da shi." Ya ja igiyar ya gwada ƙarfinta. "Zaɓi guda, Mushe. Ko kun koya mata ƙarya, ko kun koya mata raina ni. Wanda duk ka zaɓa, ba ta komawa."

A horon Mayahi an ba mu amsar tambayoyi da yawa, ban da wannan. Na ce to, mako mai zuwa zan juya su, ita ta kare amalanke, a gayyace shi ya zo ya ji da kunnensa.

Nan ne ya ɗago kai ya dube ni, irin kallon da ake yi wa wanda ya zo sayen akuya yana duba haƙoran jaki. "Wato ta yabe ni don ka ce ta yabe ni? Jiya ka ce zagi, ta zaga, gobe ka ce yabi, ta yaba. Mushe, ɗiya na ba ka ko rediyo?"

Haushi nake ji, amma a ƙarƙashin haushin tsoro ne, don na fara ganin yarinyar nan ta tafi ke nan. Sai na sake duban fuskarsa. Mutumin nan ba taurin kai ke damunsa ba. Ciwo ya ji, ciwo mai tsanani, daga bakin da bai taɓa zato ba.

Can ya ɗaga murya ya ce, "Uwata!"

Ta fito ta durƙusa nesa kaɗan, idanunta sun kumbura.

"Ga mushenku nan, ba shi cewa komi, ni ma ba ni cewa komi. Babu taga, babu ƙohwa. Ke da Allah, amalanke da moto, wane ya hi?"

Moto shi ne babur a bakin mutanen can. Ni dai a raina ina ta roƙo: ce amalanke, yarinya, ce amalanke mu tashi. Har na ɗan karkata kai wajen da aka jingine shi, ko za ta gane. Ba ta ko dube ni ba.

"Moto ya hi sauri, Baba," ta ce.

Na ji kamar in kwanta a wurin.

"Kuma ba shi cin harawa. Wannan gaskiya ne, ba ni iya cewa ba haka ba ne." Ta share hanci da bakin zane. "Amma ni ban son shi. Na hau na kawu sau guda, tun daga nan har Mayahi bayan shi kawai nike gani, in na yi magana iska ta kwashe. Bisa amalanke kusa da kai nike zama. Kana ba ni labari har mu kai. Ni ban so mu riƙa isa da wuri."

Ba na farko, ba na biyu, ba rufewa mai ƙarfi. Uban ya sunkuyar da kai yana ta jujjuya igiyar da ya riga ya gama tufkawa. Ni ma na sami wani abu da nake kallo a ƙasa, don idona ya cika kuma ban so ɗalibata ta gani.

Ya yi gyaran murya. "Wanga da ta yi yanzu, Mushe, wane iri ne cikin irin rubutun naku?"

Na ce ban sani ba, ba mu zo wurin ba tukuna.

"Tau, in kun zo, ita ta koya muku." Ya juya wajenta. "Tashi ki wanke ido. Gobe ki tahi lakwal."

Na fara jero godiya, ya ɗaga mini hannu.

"Da sharaɗi. Ɗan mai kabu-kabun nan na bakin kasuwa, ajinku shike?"

Na ce e, ajinmu yake. Uban yaron shi ke haya da babur tsakanin ƙauyen da Mayahi.

"Ka ba shi amalanke ya kare. Ka ce ya maimaita gida, da babbar murya, lokacin da uban shi ke nan. Ni kaɗai ba ni shan wanga abu."

Na so in ce ba haka tsarin yake ba. Sai na dubi yarinyar, ta tsaya a bakin zaure tana jiran ta ji abin da zan ce. Na ce na yarda.

Kashegari ta riga kowa zuwa, ta zauna a wurinta na wajen taga. Ni kuma na cika alkawari, na kira ɗan mai kabu-kabu na ba shi aikinsa, na ce ya ɗaga murya sosai. Ban kai ga gama cin tuwon rana na jibi ba na ji ƙarar babur ta tsaya a ƙofar gidana, an kashe shi da ƙarfi, wani yana kwaɗa sallama yana tambaya ko Mushe na ciki.