Gwadabe da Tauraruwar Rijiya

Gwadabe ɗan Ishiyaku gajere ne mai faɗin kafaɗa, irin jikin da aka yi don shiga rami. Daga Kahu har Saji, in ka sha ruwan rijiya mai daɗi, da wuya in ba shi ko mahaifinsa ne ya haƙa ta ba. Ba shi da yawan magana. Za ka jero masa gaisuwa mai tsawo ya sallame ka da "lafiya" guda ɗaya.

Abu biyu ya gada wajen Ishiyaku: dagin haƙa, da labarin wata tauraruwa da ake kira Mai Leƙe. Ba ta fitowa da dare, kuma wanda ke tsaye a doron ƙasa ba ya ganinta. Sai mai haƙa in ya yi nisa, ya ɗaga kai da rana tsaka, ya gan ta jajir a gefen hagu na bakin rijiya, ba ta ƙyaftawa. Ishiyaku ya ce mutum take zuwa nema. Wanda ya gan ta dole ya fito a cike ramin, don duk wanda ya sauka bayansa nata ne. Shi kansa ya taɓa ganinta a Saji, kunya ta hana shi faɗa, ya ce cikinsa ke ciwo. Abokin aikinsa ya sauka, ƙasa ta rufta da shi kafin la'asar.

Shekara talatin Gwadabe yana ɗaga kai da faɗuwar gaba, bai ga komai ba sai farin sama da guga. Sai ranin shekarar zaɓe ta 2003, da wani mai neman kansila ya ɗauke shi aikin rijiya a Durba. Mai ja masa ƙasa Haliru ne, mijin autarsa Ramlatu, wadda a lokacin take da goyo. A gaba ta goma sha ɗaya ƙasa ta fara danshi, mata har sun soma guɗa. Gwadabe ya ɗaga kai zai ce a ja guga, ya gan ta.

Bai san yadda ya hawo ba. Ya zube a bakin ramin, Haliru ya kama igiya ya ce, "Baba, huta, ai saura kaɗan. Bari in ƙarasa."

Lokacin ba lokacin zancen taurari ba ne. Shari'a ta zo da zafinta, kowa yana tsoron a kira shi boka. Gwadabe ya ji ƙaryar ciwon ciki ta zo masa har baki, ya haɗiye ta. Ya riƙe hannun surukinsa, ya faɗi abin da ya gani a gaban kowa.

Malam Abdulganiyyu, limamin unguwar, bai yi masa tsawa ba. Ya tsuguna kusa da shi ya ce, "Baba Gwadabe, ka ji tsoron Allah. Tauraro ba ya kashewa ba ya rayawa. Ajali na hannun Ubangiji."

"Haka ne, Malam," in ji Gwadabe. "Amma ba mai shiga."

Haliru ya ji kunya ta kashe shi, ya yi rantsuwa gobe da safe zai sauka. Da safen ya tarar surukinsa ya riga shi, yana zuba ƙasa a ramin da shebur. Aikin mako shida ya cike a kwana biyu, shi kaɗai, mutanen Durba suna tsaye suna tsine masa. Gaskiyarsu ce, matansu ne za su ci gaba da tafiyar nesa da tulu. Daga nan ba wanda ya ƙara kiransa ko yasar rijiya, kuma Haliru ya yi shekara bai taka gidansa ba.

Da damina ta faɗi, Gwadabe yana gona ya ɗaga kai duban hadari, ya gan ta a gefen hagu. Ya juya gabas, tana nan. Ya shiga ɗaki ya rufe ido, tana nan. Mahaifinsa ya koya masa abin yi in ya gan ta a rami, bai gaya masa abin yi ba in ta biyo shi waje.

Yau shekaru ke nan tana girma a idonsa na hagu, har ta kusa cinye rabin duk abin da yake kallo. Ramlatu, wadda yanzu 'ya'yanta biyar da Haliru, ta tambayo wani ma'aikacin lafiya a Rano, ya ce ciwon ido ne sananne, in an je Kano da wuri ana iya yin aiki. Ta zo ta durƙusa gabansa tana kuka.

"Baba, don Allah ka yarda. Mota ɗaya ce, mu je mu dawo. Za su cire maka ita."

Gwadabe ya daɗe yana sauraron muryar Haliru a zaure, yana wasa da ƙaramin ɗansa. Sannan ya juyo da idonsa mai lafiya wajen 'yarsa.

"In suka cire ta daga nawa, Auta, wa kike so ta je ta nema?"