Yadda rediyon motata ya tona asirin Garba

Jama'a, yau mota ta yi mini amanar da aminin shekara ashirin bai yi ba!

Kun san yau bayan La'asar muke zaɓen shugaban manoman shinkafa na Matsinkai, ƙato bayan ƙato. Ɗan takarar da bai tsaya da ƙafarsa ba, ba mai yin layi bayansa. Ni da Alhaji Tanko muke nema.

Da hantsi sai ga aminina Garba. Wai an shigo da injin ban ruwa mai araha Illo daga Binin, mu hanzarta kafin a riga ni. Na tada mota.

Ashe ran da ya ari motar ya haɗa wayarsa da rediyon ta bulutut. Ni tawa na yi, na yi, ta ƙi kamawa. Tasa kuwa yana shiga motar ta cafke!

Mun yi nisa sai rediyo ya hau ƙara. Na danna wani maɓalli a sitiyari don ya yi shiru.

Sai muryar Tanko, tar! "Garba, kun isa? Riƙe mini tsohon banzan nan can har a yi Magariba."

Garba ya hau laluben aljihu.

Na ce, "Alhaji, tsohon banzan ne. Muna gaisuwa."

Ɗif! Tanko ya kashe.

Garba ya ce, "Malam Umaru, don Allah tsaya in yi maka bayani."

Na taka burki. "Sauka, ka yi wa injin."

Na juyo gida ni kaɗai. Ga ni wurin zaɓe, gindin tsamiya, tun Azahar, kowa ya fito. Garba, na san kana karantawa. In ka samu mashin, zo ka tsaya bayan ubangidanka.