Yatsan Gwaggo Zalika

Ranar da aka binne Ila mai tufka igiya a Ollelewa, ƙanwarsa Zalika kaɗai ta lura da ƙullin jakarsa ta fata. Shekara arba'in yana ɗaure bakinta da irin ƙullin guga, wanda ja ɗaya ke kwancewa. Ranar nan kuwa ƙulli biyu ne a kan juna, irin na mai sauri. Ta dubi Falalu, babban ɗan marigayin, yana karɓar gaisuwa hannunsa dafe da aljihun gaba. Sai ta gane cewa tun ba a yi wa uban wanka ba ya zare karne, ɗan littafin ajiyar kuɗin nan na kes, ƙaramin bankin da ke Tanut.

Zalika ta daɗe da iya shiru. Aure biyu ta yi, ta binne miji ɗaya da 'ya'ya uku, ta dawo gidan yayanta da tukunyar suya. Ila ya yanka mata gamana, ɗan fegin gona na mace, a gefen gandu, da aduwa guda a tsakiya. Gyaɗar wurin take matsewa ta yi mai da ƙuli-ƙuli. Da idon Ila ya mutu, Falalu ya karɓi gida. Ya sare aduwar, ya haɗe gamanar da gandu.

"Tsohuwar da ba ta da ɗa, wa za ta noma wa?" Haka ya faɗa, a gaban matan gida.

Ta naɗe tabarmarta ta koma Tanut, tana suya a bakin tasha. Kullum ta zuba ƙuli a mai, maganar nan sai ta dawo mata.

Kwana tara da rasuwar, sai ga Falalu a tasha, ya durƙusa har ƙasa.

"Gwaggo, ina wuni?"

"A'a, yau ni ce Gwaggo? Wa ya mutu kuma?"

Ya yi ta kewaye kafin ya faɗi. Ya je kes da karne, Madam Fa'iza mai riƙe da takardu ta buɗe, ta ce sunan da Ila ya bayar na wanda zai karɓa bayan ransa shi ne Zalika. In ba ita ta zo da takardar mutuwa da katinta na shaida ta dangwala yatsa ba, sai dai ya bi ta kotu, a yi watanni.

"Ko dala ba taki ba ce, Gwaggo. Mai ɗa namiji, ƙanwa ba ta gadonsa."

"Na sani. To je ka karɓa mana."

Ta juya ƙuli. Ya dawo ranar kasuwa, ta ce ƙafa ke mata ciwo. Ya sake dawowa da goro da sukari, ta karɓa ta raba wa 'yan tasha yana kallo, ta ce katinta ya ɓace. Hadari ya fara haɗuwa a gabas, shi kuwa ba iri a rumbu, ya sayar tun rani da sa ran kuɗin nan. Sau biyar ya biya kuɗin mota. Ta ga wuyan rigarsa ya yi masa yawa, kuma ba ta ɓoye wa kanta cewa ta ji daɗi ba.

A zuwansa na shida ta ce, "Gamanata. A gaban maigari da liman, ka taka iyakarta da ƙafarka, ka faɗa da bakinka."

Ya taka. Rabin gari suka fito kallo. A wajen kututturen aduwar muryarsa ta yi ƙasa, ta ce ba ta ji ba, kunnen tsufa. Ya maimaita da ƙarfi.

Washegari ta je kes, amma ba ita kaɗai ba. Ta ɗauko liman, ta ɗauko Radiya da Habiba, 'ya'yan Ila mata, waɗanda Falalu ya gaya wa cewa 'yan canji ne kawai a littafin. Da ta dangwala yatsa aka ba ta kuɗin, Falalu ya miƙo hannu. Ta wuce hannun.

"Madam, faɗi nawa ne, da ƙarfi. Yaran nan ba su yi lakwal ba, ba su iya karatun boko."

Madam ta faɗi. Radiya ta juyo ta dubi wanta, ta daɗe tana dubansa. Zalika ta ɗora kuɗin a cinyar liman, ta ce a raba yadda Allah ya ce, ta fita ta bar su.

Da la'asar ta biya maƙera da tsohuwar hauyarta a sa mata sabuwar ƙota. Maƙeri ya ce dala ɗari da hamsin, ta tsaya sai da ya bar mata a ɗari.