Ɗakin Da Ya Tashi Ina Ciki

Tun ranar da shigifarmu ta faɗi a daminar bara na daina shiga ɗaki. Da hantsi ne, bayan ruwan da ya daɗe yana zuba a Dingyaɗi. Na fito ke nan zan shanya tabarma, sai na ji wani gurnani a bayana. Kafin in waiwaya babu ɗaki, sai tarin ƙasa da azara a kan gadona. Ba wanda ya ji ciwo. Kowa ya yi hamdala aka ci gaba da harka, ban da ni. Kowace ƙofa na tunkara, gwiwoyina sai su saki. Na koma rumfar girki, nan nake salla, nan nake kwanciya, sauro na shagalinsa a kaina. Inna ta karɓo mini rubutu wurin malamin unguwarmu. Na sha, zuciyata ta yi sanyi, amma ƙafa ta ƙi.

Ana cikin haka yayana, wanda ke karatun zanen gine-gine a Sakkwato, ya zo hutu. Ya zauna bakin rumfa ya buɗe wayarsa, wai zai ɗebe mini kewa da hotunan gidajen da shi da abokansa suka ƙirƙira. Babu irinsu ko'ina a duniya tukuna. Wani bangonsa yana numfashi kamar fata, in rana ta yi zafi ya yi gumi ya sanyaya ciki. Wani rufinsa yana buɗewa da safe kamar ganye. Wani kuma in ya tsage sai ya warke da kansa, in ruwa ya ci gindinsa ya canza launi don mutane su sani.

Inna tana tankaɗe tana saurare. Ta ce, "To shi wanga gida mi yaka ci?"

"Hasken rana da ruwan sama, Inna."

"Ashe ya hi ka sauƙin riƙo."

Na yi dariya, amma tsigar jikina ta tashi. Na ce, "Yaya, in yana da rai, in ya yi hushi hwa?"

Ya ajiye wayar. Can ya ce ai irin wannan gida ba gina shi ake yi ba, shuka shi ake yi. Mai shi yana zaune a ciki yana girma kewaye da shi a hankali, har su saba da juna. Na san don ya kwantar mini da hankali ya faɗa, wataƙila a nan take ya ƙago. Amma maganar ta zauna mini.

Bayan kaka Baba ya kira magini, wani dattijo daga Horo Birni. Ranar da aka ja layin tushe na ɗauki kujerar tsugunne na ajiye a tsakiyar filin na zauna.

Baba ya ce, "Ke, lahiya? Tashi ki ba mutane wuri."

Sai hawaye suka zubo mini. Maginin ya dube ni ya dubi Baba ya ce, "Bar ta, Malam. Ba ta tare muna komi ba."

Ranar farko tubali ya kawo gwiwa. Aka bar shi ya sha iska. Ni kuwa kullum ina ciki da tirena ina tsintar wake, sama a buɗe. Bango ya kawo ƙugu, ya kawo kafaɗa. Nakan dafa shi, da safe sanyi, da la'asar ɗumi kamar bayan akuya. Na ga inda aka cika kowane gurbi da laka, na san wane kusurwa ya fi kauri. Gibin da nake bi in shiga ya zama ƙofa ban lura ba.

Ranar ɗora azara ce ta kusa kayar da ni. Kowace aka ɗora sai sama ta ragu. Da inuwa ta rufe ni na fita da gudu, na durƙusa bayan rumbu na amayar da kokon da na sha. Na daɗe a can. Da na dawo na tarar an bar mini kujerata inda take. Ban iya kaiwa tsakiya ba, na jawo ta bakin ƙofa.

Sai ranar daɓe. Matan unguwa suka cika gida, warin makuba, jiƙon ɓawon ɗorawa da ake yayyafa wa daɓe, ya tashi. Goggona ta miƙo mini madaɓi ta ce, "Uwar ɗaki, ke da kinka ga haihuwa tai, zo ki yi mashi wanka."

Aka kwashe da dariya. Na durƙusa a bakin ƙofa na fara bugu tare da su, ana waƙa ana matsawa gaba. Hannuna ya yi zafi, zufa ta jiƙa mini ɗankwali. Sai da goshina ya kusa taɓa bangon ƙurya na gane inda nake. Na ɗaga kai, rufi yana nan a kaina, shiru. Na jira gwiwoyina su saki. Ba su saki ba.

Yanzu a ciki nake kwana. Gadona yana kusa da ƙofa, kuma ba na bari a rufe ta. In hadari ya haɗu har yau bakina yakan bushe. Amma ranar da Inna ta leƙo ta same ni ina barcin rana a kan sabon daɓe, ta ce ba ta tashe ni ba, ta koma rumfa ta zauna ta yi ta kuka.